Sauran Shafin da Ban Karanta Ba

Da sunan Allah Mai rahama, Mai jin ƙai, wanda ya ɗaga sama ba da ginshiƙi ba, ya kuma ba kowane tauraro lokacin fitowarsa.

Shugaban wannan taro, Alhaji Bello Yelwa, wanda ya riƙe ɗakin karatun nan na Gusau tun yana rumfa har ya zama gini. Wakilan hakimai da suka taso daga Tsafe da Bungudu. Alƙalai da limamai. Malaman zaure da malaman boko. Ma'aikatan hukumar En'e da na gidan waya da na tasha. Dattawan 'Yandoto da suka sha jijjigar mota tun da sassafe. Manoman Ruwan Bore da Kekun Waje da suka bar sussuka suka zo. Iyayenmu mata da ke zaune bayan zanan nan, waɗanda ba mu ganin su amma muka san suna ji. Jama'a baki ɗaya, assalamu alaikum wa rahmatullah.

Ina godiya ga shugaba da ya ba ni wannan dama, ina kuma godiya gare ku da kuka zo a tsakiyar kakar bana ta alif ɗari tara da hamsin da tara, lokacin da kowa ke da abin yi a gona. Ga wanda bai san ni ba, sunana Yahuza Dogo, ina koyarwa a makarantar elementare ta Bungudu. An taru ne don a karɓi littattafai uku da Sahabi, ɗan marigayi Malam Ɗantsoho na 'Yandoto, ya rubuta kan ilimin taurari ya aiko daga Ingila. An zaɓe ni in yi magana ne domin ubana da ubansa ciki ɗaya suka fito, kuma tun da na yi maraici ina ɗan shekara biyar a gidansu na tashi, tabarma ɗaya, akushi ɗaya.

Kafin in shiga magana, bari in nuna muku wata takarda. Ga ta. Takardar buga waya ce, ba a rubuta kome a kanta ba. Sahabi ya haɗo wasiƙa da littattafan nan zuwa ga Alhaji Bello. Ya ce an ba shi aiki a wata ƙasa mai nisa can kudancin duniya, inda zai yi shekaru, kuma yana da wata uku kafin ya kama. Idan mahaifiyarsa, Inna Fatsuma, ta ce ya zo, zai biyo ta gida. Idan bai ji kome ba har ƙarshen makon nan, zai ɗauka ba a son ganin sa, ya shiga jirgin ruwa ya wuce. Gobe ce rana ta ƙarshe da waya za ta riske shi. Inna Fatsuma ta haura saba'in, rabonta da shi shekara goma sha bakwai, kuma tana nan bayan zanan nan. Zan yi magana a kan abu uku, na ƙarshensu shi ne dalilin da ya sa takardar nan ke hannuna babu rubutu.

Abu na farko, wane ne Sahabi, kuma ta yaya ɗan 'Yandoto ya kai inda ya kai?

Dattawa sun san Malam Ɗantsoho. Ba mai duba ba ne, bai taɓa gaya wa kowa abin da gobe za ta haifa ba, kuma duk wanda ya zo masa da wannan buƙata da carbi yake nuna masa ƙofa. Aikinsa lissafi ne. Yana riƙe da ƙidayar taurarin shekara, kowane kwana goma sha uku, ya gaya wa manomi yau Zira'a ta kama, ko yau kwana nawa a Jabha, don mutum ya san ko shuka ta makara, ko lokacin wake ya yi. Bayan sallar asuba yakan fito da mu biyu bayan gari, ya sa mu nemo taurarin nan Kaza da 'ya'yanta, ya ce mu lura da inda take bisa wata kuka. Kullum sai mu tarar ta ɗan gusa gaba da inda muka bar ta jiya. Ni nakan haddace abin da aka faɗa in yi shiru. Sahabi kuwa bakinsa ba ya hutawa, har Malam yakan ce da tambaya noma ce da yaron nan ya ciyar da Tsafe.

An kai mu boko tare. Ni na tsaya na zama malami, shi kuwa da yaƙi ya yi zafi, a shekara ta arba'in da biyu, ya shiga soja, aka sa shi aikin wayar iska, aka haye da su ƙasar Hindu. Aikinsa ya zauna da abin saurare a kunne yana karɓar saƙo. To, duk wanda ya taɓa murɗa rediyo ya san wannan shuuu da ke tsakanin tasha da tasha. Abokan aikinsa tsaki suke yi mata. Shi kuwa, da yake ba ya iya barin abu ya wuce, ya lura a kan wata na'ura tasu ƙarar nan tana ƙaruwa a wani lokaci na yini ta kuma ragu. Ya shiga rubuta lokacin a bayan takardun aiki. Bayan wata biyu ya ga kullum tana riga jiya da kamar minti huɗu.

Jama'a, wane abu ne yake riga jiyansa da ɗan kaɗan kullum, har shekara ta zagayo ya koma inda ya fara? Duk manomin da ke wurin nan ya san amsa. Sahabi ya je ya sami hafsansu, wani Bature da malamin jami'a ne kafin yaƙi, ya ce masa ƙarar nan ba ta maƙiya ba ce, ba kuma lalacewar na'ura ba ce, tafiyar taurari take bi. Baturen ya gaya masa gaskiya, cewa wani ya riga shi gano haka tun kafin yaƙi, amma shi wancan sai da ya yi dogon nazari. Ya tambaye shi a wace makaranta ya koyi wannan. Sahabi ya ce a gindin kuka.

Da aka gama yaƙi Baturen nan ya nema masa aiki a Ingila, a wani fili da malamai suka kafa kayan sauraren sama. Da ɗaure waya da goge tsatsa ya fara. Yana aiki yana karatu, shekara shida, har ya sami digiri, ya tashi daga mai gyaran na'ura ya zama cikin masu fassara abin da ta jiyo. Na san a kasuwar Tsafe an daɗe ana cewa ɗan Malam yana can yana gyara wa Turawa rediyo. Ban taɓa gyara wa kowa wannan magana ba, kuma za ku ji dalili.

Abu na biyu, me ke cikin littattafan?

Na farko ya fito a shekara ta hamsin da huɗu. Da Turanci ne, sunansa da Hausa shi ne Kunnen da Ke Sauraren Sama. A ciki ya bayyana cewa abubuwan da ke sama ba haske kaɗai suke aikowa ba, suna aiko da irin igiyar nan da rediyo ke kamawa, sai dai mai rauni ƙwarai. Don a kama ta sukan gina wata ƙatuwar ƙwarya ta ragar ƙarfe, wadda faɗinta ya fi filin da muke zaune, su fuskantar da ita sama. Ba ido ake sa wa ba. Wani alƙalami ne yake ta zane a kan doguwar takarda, in ƙara ta ƙaru ya hau, in ta ragu ya sauka. Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne aikin ba ya jiran faɗuwar rana, ba ya jiran hadari ya washe. Da tsakar rana, ana yayyafi, suna jin taurari.

Na biyu ya fito bayan shekara uku, sunansa Gizagizan da Ke Tsakanin Taurari. Ba zan yi muku ƙarya ba, babi huɗu na tsakiyarsa lissafi ne zalla, na duba su kamar yadda jaki ke duban allo na wuce. Amma farkonsa da ƙarshensa na fahimta. Kun san farar hanyar nan ta taurari da ke ratsa sama daga gefe zuwa gefe, kun kuma san akwai wurare baƙaƙe a cikinta, kamar an yage. Sahabi ya ce wuraren nan ba wofi ba ne. Gizagizai ne na iska da ƙura, masu girman da haske kansa sai ya yi shekaru kafin ya ƙetare ɗaya, su ne suka tare hasken taurarin da ke bayansu. Iyayenmu mata za su fi mu gane wannan. In ana sheƙa ƙaiƙayi ya tashi, ba ki ganin wadda ke tsaye a ɗaya gefen, amma in ta yi magana kina jin ta sarai. Haka iskar nan ta sama, wadda suke kira haidurojin, take fitar da wata siririyar murya, tsawon igiyarta kamar taƙi ɗaya, ita kuwa ƙura ba ta tare ta.

Da wannan murya suke gane inda gizagizan suke, har su san wanda ke matsowa da wanda ke nisanta, kamar yadda mutanen tasha ke gane jirgi mai zuwa da mai tafiya daga sauyin kukansa. Sahabi ya kwashe shekara biyar yana auna su ɗaya bayan ɗaya. A babi na ƙarshe ya ce malamai suna kyautata zaton a cikin irin gizagizan nan ne sababbin taurari ke haɗuwa, da ikon Wanda ya halicce su. Wato inda ido ya ce babu kome, nan ne aiki ya fi yawa.

Na uku ɗan siriri ne, da Hausa ya rubuta shi, boko a dama ajami a hagu, kuma bai kai shi wurin ɗab'i ba, ya ce mu fara karantawa mu gyara masa, don harshensa ya yi tsatsa. Na duba, ya yi tsatsar kuwa, amma ba ta kai yadda yake tsoro ba. A ciki ya jera taurarin nan ashirin da takwas da Malam ya koya mana, kowane da abin da na'ura ta jiyo a kusa da shi. Ina roƙon malamai 'yan'uwana su fara da shi.

Abu na uku shi ne wanda ya hana ni barci tun da akwatin littattafan nan ya iso, kuma ina roƙon ku yi haƙuri da ni.

Malam Ɗantsoho ya rasu a shekara ta hamsin da uku. Sahabi bai samu zuwa ba. Ni na yi jinya, ni na shiga kabari na karɓe shi, ni aka miƙa wa gafakarsa, ni manoma suka koma tambaya kwana nawa a tauraro. Da shekara ta zagayo muka taru a zauren gidan don addu'a, kuma a makon nan ne littafin farko ya iso. Dattawa suka ce, Yahuza, kai ka iya Turanci, karanta mana abin da ɗan'uwanka ya rubuta. Da yawa daga cikinku kuna wurin. Na buɗe shafin farko na fassara muku cewa: “Mahaifina ya koya mini cewa baƙaƙen wuraren da ke cikin farar hanyar taurari babu kome a cikinsu. Mahaifina bai yi daidai ba.” Daga nan na rufe littafin.

Wani dattijo ya ce, “Ƙasa ba ta gama kwantawa bisa mutum ba, ɗansa na ƙaryata shi ga takardar Nasara?” Inna Fatsuma tana bayan ƙofa tana ji.

Ban ƙara kome a fassarar ba, ban rage ba. Amma idona ya riga ya ga sauran shafin, na san abin da ke ciki, kuma da gangan na rufe. Hassada ce, ba ta da wani suna. Na ga ni na zauna na ɗauki wahala, shi da ya tafi shi ne sunansa ya hau bangon littafi, sai na so ko sau ɗaya a ce Yahuza ne ɗan kirki.

Da a nan na tsaya da da sauƙi. Kowa a nan ya san Sahabi ɗan fari ne, kuma kowa ya san uwa ba ta kiran sunan ɗan fari, ba ta tambayar lafiyarsa a gaban mutane, ba ta nuna ta damu da shi. Tun da ya tafi, ni ke rubuta wasiƙun gida. In na gama sai in leƙa ɗakinta in ce, “Inna, akwai saƙo?” Ita kuma ta kau da kai ta ce, “A gai da mutanen can.” Shi ke nan, kalma biyar, kuma Sahabi ya san shi kaɗai ne mutanen can. Bayan ranar zauren nan sai na daina leƙawa. Na san sarai ba za ta iya kira na ta ce ga saƙo ba, kunya ba za ta bar ta ba. Sa'an nan na rubuta masa cewa tun da aka karanta littafinka Inna ba ta ambace ka ba, ba ta kuma ba da gaisuwa ba. Babu ƙarya ko ɗaya a ciki, kuma ban taɓa rubuta abin da ya fi shi mugunta ba.

Akwai abin da na gani ban rubuta masa ba. Tun shekarar da ya shiga soja, kowace kaka Inna takan ware damin gero ɗaya, mafi kyawun zangarniya, ta sa a ajiye a ƙuryar rumbu. In sabon gero ya zo ta fitar da tsohon ta yi sadaka, ta sa sabo. Ba ta taɓa faɗin na wane ne ba, ba wanda ya taɓa tambaya. Bayan ranar zauren ma ba ta fasa ba. Shekara biyar ina ganin damin nan, shekara biyar ina kau da kai.

Ran Juma'ar da ta wuce na je 'Yandoto, na durƙusa a bakin ƙofarta na faɗa mata duk abin da na faɗa muku. Na ɗauko littafin zan karanta mata sauran, sai ta ɗaga hannu. Ta ce, “Inda kak karanta na hwari, ba cikin mutane na ba? To, ka karanta sauran cikin mutane.” Abin da ya sa tsohuwa ta hau mota yau ke nan, ita da ɗiyarta Hanatu. Ga littafin, ga shafin, daga inda na tsaya:

“Mahaifina bai yi daidai ba. Amma shi ne ya nuna mini wurin da yatsansa, kuma da na dame shi da tambaya ya ce da ni, ‘Nan idona yat tsaya. In ka samu idon da yaf fi nawa, ka dubo mani.’ Ban sami ido ba, kunne na samu. Duk abin da ke cikin littafin nan amsar aiken da ya yi mini ce, kuma baƙin cikina shi ne na dawo da amsa bayan mai aiken ya tafi. Shi ya koya mini cewa sama tana da lissafi kuma ba ta makara, kuma ban koyi abin da ya fi wannan a jami'a ba. Na sadaukar da littafin gare shi, da kuma wadda take aiko da gaisuwa ga mutanen can. Mutanen can suna amsawa.”

Dattawan 'Yandoto, wannan shi ne ɗan da na bari kuka yi shekara biyar kuna jin haushinsa. Ku janye abin da kuka faɗa a kansa ku ɗora a kaina, can ne wurinsa. Ni da nake koya wa yara karatu, na karanta littafi guda a kan cewa kada a ga wuri shiru a ce babu kome a ciki, alhali ga ɗakin Inna nan taku goma daga inda nake zaune da littafin.

Yanzu, da izinin shugaba, zan yi tambayar da na daina yi. Zan yi ta da ƙarfi don ta ratsa zana.

Inna, akwai saƙo?

Jama'a, a ɗan saurara. A ba Hanatu hanya, ga ta nan ta taso. Matso, ƙanwata, faɗa mini a hankali.

To. Alhamdu lillahi. Ga abin da Inna ta ce, kuma yadda ta faɗa haka zan rubuta. Ta ce: “A ce ma mutumen can, damin gero na nan cikin rumbu. Shekara goma sha bakwai ana sake shi, ni na gaji da sakewa. Shi taho shi ɗauki abinshi.” Ta kuma ce a gaya wa Dogo ya bar tsayuwa yana share ido a gaban manya, tun da shi ya iya rubutu, ya rubuta.

Na rubuta, Inna. Malam Yari na gidan waya, na gan ka can baya, don Allah kada ka jira gobe.

Allah ya jiƙan Malam Ɗantsoho, ya haskaka kabarinsa kamar yadda ya haskaka wa manoma lokutan shukarsu. Allah ya ƙara wa Inna Fatsuma lafiya da tsawon kwana, ya nuna mata ranar da za a buɗe rumbun nan. Allah ya kawo Sahabi lafiya, ya sa ya yafe mini in ya ji, domin da bakina zan gaya masa. Allah ya sa wa ɗakin karatun nan albarka, ya ba 'ya'yanmu haƙurin karanta shafi har ƙarshensa. Allah ya saka wa shugaba da manyan baƙi da alheri, ya albarkaci amfanin gonar bana, ya mai da kowa gidansa lafiya, na Tsafe da na Bungudu da na cikin gari.

Na gode.